Mai Rauni Daban, Mai Hoto Daban: Henry Hampton da Fim ɗin da Ya Shekara 13 a Kulle

A watan Fabrairun 1965, a matakalar kotun garin Selma da ke jihar Alabama ta Amurka, wani fasto baƙar fata mai suna C. T. Vivian ya tsaya gaba da gaba da shugaban 'yan sandan gundumar, Jim Clark. Vivian ya jawo mutane ne su yi rajistar zaɓe, Clark kuma ya tare ƙofa. Fasto bai yi shiru ba, yana ta gaya masa magana a idon jama'a, har Clark ya ƙule ya kai masa naushi a fuska. Vivian ya faɗi, ya tashi jini na zuba, ya ɗora daga inda ya tsaya. Akwai masu kyamarar talabijin a wurin. Jinin na Vivian ne, naushin na Clark ne, hoton kuwa a idon doka na kamfanin da ya aiko mai kyamarar ne. Duk wanda yake so ya nuna wa 'yan baya abin da ya faru a matakalar nan, sai ya je ya yi ciniki da mai hoton.

A kan wannan ciniki ne aikin Henry Hampton, wanda ya shirya Eyes on the Prize, fim ɗin tarihin gwagwarmayar baƙaƙen fatan Amurka, ya tsaya, kuma shi ne ya kusa binne aikin bayan mutuwarsa.

An haifi Hampton a birnin St. Louis a 1940. Mahaifinsa likitan tiyata ne, saboda haka bai tashi cikin talauci ba, amma ya tashi a garin da launin fata ke yanke wa mutum unguwar da zai zauna da makarantar da zai shiga. Yana ɗan shekara 15 cutar shan inna ta kama shi, ta bar shi da ƙarfen tallafi a ƙafa har ƙarshen rayuwarsa. A wannan shekarar ce, 1955, aka kashe Emmett Till a Misisipi, yaro baƙar fata ɗan shekara 14, kusan tsaransa, kuma mujallar Jet ta buga hoton gawarsa bayan uwar ta dage a bar akwatin a buɗe duniya ta gani. Hampton ya gama Jami'ar Washington ta garinsu a 1961, ya shiga makarantar likitanci a Kanada don bin sawun uba, bai daɗe ba ya ajiye. Ya ƙare a Boston yana aikin yaɗa labarai a hedikwatar cocin Unitarian Universalist.

Aikin cocin ne ya kai shi Selma a watan Maris na 1965, bayan 'yan sanda sun far wa masu tattaki a gadar Edmund Pettus da kulake da barkonon tsohuwa. Ya shiga tattakin da ya biyo baya yana jan ƙafa. A kwanakin ne wasu fararen fata suka yi wa wani limamin cocinsu, James Reeb, dukan da ya yi ajalinsa. Hampton ya ga jerin kyamarori a bakin gadar, ya kuma san cewa abin da suke ɗauka zai fita a labaran dare na 'yan mintuna, gobe a wuce wurin. Daga nan tunanin haɗa labarin gaba ɗaya ya shige shi, sai dai ya shekara 22 kafin ya haife shi.

A 1968 ya kafa kamfaninsa, Blackside, a Boston. Kar mai karatu ya ɗauka daga kafawa aka fara tarihi. Shekara goma kamfanin na cin abinci da ƙananan kwangiloli: finafinan wayar da kai na asibitoci, na hukumomin gwamnati, har da na jawo matasa shiga soja. Wasu za su ga wannan a matsayin tabo ga mutumin da ya fito daga gwagwarmaya. Ni ina ganin a nan ya koyi biyan albashi a ƙarshen wata, ya kuma horar da matasa baƙaƙen fata riƙon kyamara da tace hoto a lokacin da ƙofofin masana'antar ke rufe gare su. A ƙarshen shekarun 1970 wani kamfanin talabijin na kasuwa, Capital Cities, ya ba shi kuɗi ya yi fim a kan gwagwarmayar 'yancin baƙaƙen fata. Aikin ya watse, ra'ayi bai zo ɗaya ba, kamfanin ya janye. Abin da ya rage masa shi ne gwangwanayen hirarrakin da aka riga aka ɗauka, da darasin cewa labarin nan ya fi ƙarfin zama ɗaya.

Da ya sake ɗaura ɗamara a tsakiyar shekarun 1980, sai ya nufi PBS, tashar da ba ta dogara da talla. Sunan shirin, Eyes on the Prize, daga wata waƙar gwagwarmaya aka ɗauko shi, ma'anarsa kar ido ya bar kan abin da aka fito nema. Judy Richardson, wadda ta yi aiki da ƙungiyar ɗalibai ta SNCC a kudancin ƙasar, ita ta kawo shawarar sunan. Julian Bond, shi ma tsohon ɗan ƙungiyar, shi ya karanta sharhin, cikin murya mai sanyi wadda ba ta yi wa mai kallo kuka ba.

Dokokin da Hampton ya gindaya wa ma'aikatansa su ne suka raba shirin da sauran, kuma sun cancanci a tsaya a kansu.

Ta farko: wanda bai halarta ba, ba zai yi magana a gaban kyamara ba. Akwai manyan malaman tarihi a bayan fage, irin su Vincent Harding da Clayborne Carson, suna duba kowane kashi suna gyara kuskure, amma ba wanda aka zaunar a gaban kantar littattafai yana fassara wa mutane rayuwarsu. Mai magana sai wanda ya sha duka, ko ya yi dukan, ko ya tsaya yana kallo. Wannan doka ce ta fito da irin su Jo Ann Robinson, malamar kwaleji a Montgomery, wadda ta kwana tana buga dubban takardun kira ga ƙaurace wa motocin bas a daren da aka kama Rosa Parks, baƙar matar da ta ƙi tashi ta bar wa farar fata kujera a bas, tun kafin yawancin Amurkawa su taɓa jin sunan Martin Luther King. Ta fito da E. D. Nixon, ma'aikacin jirgin ƙasa da ya je belin Parks. King na cikin shirin, ba yadda za a yi babu shi, amma an mayar da shi mutum ɗaya cikin taro.

Ta biyu ta fi ɗaci: a je a ji ta bakin ɗaya ɓangaren, a kuma bar su su faɗi tasu ba tare da an yi musu ba'a ba. Jim Clark ya zauna an yi hira da shi. George Wallace, gwamnan da ya tsaya a ƙofar jami'a don hana baƙaƙe shiga, shi ma ya zauna. Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne Laurie Pritchett, shugaban 'yan sandan Albany a jihar Jojiya, wanda ya bayyana yadda ya karya lagon King a 1961 da 1962. Ya ce sai da ya zauna ya karanci dabarar masu zanga-zangar, ya gane cewa burinsu su cika gidan yari har gari ya rasa inda zai sa su, kuma a doke su a gaban kyamara. Sai ya hana yaransa duka a fili, ya kuma shirya da gundumomin da ke kewaye su ba shi aron gidajen yarinsu. Kome yawan waɗanda aka kama, akwai wurin zuba su. Yana faɗa yana natse, kamar manomi na bayanin yadda ya tare ruwa. Mai kallo ya fita da sanin cewa zalunci na da masu lissafi, kuma wanda bai ɗaga kulki ba yana iya fin mai kulki illa. Da malamin jami'a ne ya faɗi haka, da ba ta shiga jiki kamar yadda ta shiga ba.

Ta uku ita ce ta fi jawo rigima a cikin gida. Kowane kashi sai an haɗa furodusa biyu, baƙi da fari, kuma a yi ƙoƙari a samu mace da namiji. A Blackside ana kiran wannan haɗi gishiri da barkono. Waɗanda suka yi aikin, ciki har da Jon Else da ya rubuta littafi a kan kamfanin daga baya, sun ba da labarin cacar baki da ɓacin rai a ɗakin tace hoto, har wasu ba sa ga maciji. Hampton bai ɗauki wannan a matsayin matsala ba. A ganinsa gardamar da ƙasar ta kasa yi a fili, gara a yi ta a ɗakin, abin da ya tsira daga bakin mutum biyun shi zai iya tsayawa a gaban kowa. Kafin a fara ɗauka ma sai da ya tara kowa, har da masu sauti, a wani zama na kwanaki da suke kira makaranta, inda malamai da tsofaffin 'yan gwagwarmaya suke karantar da su.

Kuɗi kuwa, kullum a bakin ƙarewa suke. Manyan kamfanonin Amurka da suka saba ɗaukar nauyin shirye-shiryen PBS sun yi ta noƙewa, don ba mai son a ga tambarinsa kusa da hoton karnukan 'yan sanda suna yagar yara a Birmingham. Aka riƙa tattaro tallafi daga gidauniyoyi, musamman Ford, da hukumar tallafa wa kafafen gwamnati, da ɗaiɗaikun mutane. Albashi kan makara. To a nan ne aka ɗauki matakin da ya zama ƙaya daga baya. Shirin ya dogara ne da tsofaffin hotunan labarai daga tashoshi da rumbuna masu yawa, da hotunan jaridu, da waƙoƙi, kowanne da mai shi. Lasisin har abada na da tsada, na ɗan lokaci na da sauƙi. Mai neman kuɗin da zai kai shi gobe ba ya cinikin shekara ashirin. Aka sayi da dama na ɗan wa'adi, wasu na shekara biyar. Wato gidan Hampton ne, amma rabin tubalin haya ne.

Kashi shida na farko, daga 1954 zuwa 1965, sun fita a watan Janairun 1987. Karɓuwar ta wuce zato: lambobin Emmy, lambar Peabody, kuma kashin Selma ya shiga jerin 'yan takarar Oscar. Abin da ya fi lambobin nauyi shi ne makarantu. Malaman sakandare da na jami'a suka mayar da kaset ɗin littafin aji, har ya zama yawancin abin da ɗalibin Amurka na wancan zamani ya sani game da rikicin shigar da ɗalibai baƙaƙe makarantar fararen fata a Little Rock, ko tattakin Selma, daga nan ya gan shi.

Kashi takwas na biyu, daga 1965 zuwa 1985, sun fito a 1990, kuma sun fi wahalar samun mai tallafawa. Dalilin a fili yake. A na farko azzalumin na kudu ne, da hularsa da kulkinsa, kowa na iya tsine masa ya kwana lafiya. A na biyu labari ya hau arewa: Shikago, Detroit, kurkukun Attica, da Boston ɗin da Blackside ke zaune, inda fararen iyaye suka jefi motocin 'yan makaranta baƙaƙe da duwatsu a 1974. A cikin wannan zango ne aka samu hirar William O'Neal, ɗan rahoton FBI da ya shige jikin jam'iyyar Black Panther a Shikago, ya ba da zanen gidan da 'yan sanda suka kashe jagoran jam'iyyar a can, Fred Hampton, a ciki a watan Disamban 1969. Sunan ne kawai ya zo ɗaya, Fred ba dangin Henry ba ne. O'Neal ya zauna a 1989 ya yi magana a gaban kyamara, abin da bai taɓa yi ba. Ranar 15 ga Janairun 1990, ranar da aka fara nuna zango na biyu, mota ta kaɗe shi a babbar hanya a Shikago, hukuma ta ce shi ya jefa kansa. Ba don Blackside sun je sun same shi ba, da ya tafi da bakinsa.

Hampton ya ci gaba da aiki duk da ciwon dajin huhu da ya kama shi: shiri a kan karayar tattalin arzikin shekarun 1930 a 1993, wani a kan Malcolm X a 1994, wani a kan yaƙi da talauci a 1995. Ya rasu ranar 22 ga Nuwamban 1998, yana da shekara 58. Kamfanin ya koma hannun 'yan'uwansa mata biyu, waɗanda ba sana'arsu ba ce.

Tun kafin rasuwarsa wa'adin lasisin ya fara cika ɗaya bayan ɗaya. Daga 1993 ba a sake nuna shirin a talabijin ba. Ba a iya buga sabon kaset, balle faifan DVD da ya shigo daga baya. Kaset ɗin da ke makarantu da ɗakunan karatu suna ta tsufa, suna cinyewa a cikin na'ura, wanda ya ɓace kuma babu madadinsa. 'Yan kasuwar gwanjo a intanet suka riƙa sayar da tsofaffin da ɗaruruwan daloli. A halin nan kuma farashin tsofaffin hotuna ya yi tashin gwauron zabo, domin tashoshin kebul sun buɗe kasuwar shirye-shiryen tarihi, manyan kamfanoni kuma sun saye rumbunan hotuna sun gane ma'adini suke zaune a kai.

Misalin da ya fi yawo a jaridu a lokacin shi ne na wata 'yar gajeriyar fitowa a zango na biyu. Ma'aikatan King sun kewaye shi suna rera masa waƙar murnar ranar haihuwa, ya cika shekara 39, a watan Janairun 1968, wata uku kafin a harbe shi. Mutumin ya gaji, ga shi yana dariya. Waƙar nan da kowane yaro ke rerawa, kamfanin Warner/Chappell na iƙirarin tasa ce, kuma sai an biya shi kafin a nuna. Ba mai shirya fim ne ya sa waƙar ba, mutanen da ke ɗakin ne suka rera ta, kyamara ta kama. Duk da haka zaɓi biyu ne: a biya, ko a yanke. Kuma kar a ɗauka 'yan kasuwa kaɗai ke da wannan hali. Magadan King da kansu sun yi taƙaddama da Blackside a farkon shekarun 1990 kan amfani da jawabansa, sai da aka sasanta da kuɗi.

A farkon 2005 wasu matasa masu fafutukar sassauta dokar haƙƙin mallaka, ƙungiyar Downhill Battle, suka ce sun gaji. Suka ɗora kashin farko a intanet, suka yi kira a sauke a nuna a coci-coci da makarantu ranar 8 ga Fabrairu, cikin watan tunawa da tarihin baƙaƙen fata. Lawrence Guyot, tsohon ɗan gwagwarmayar Misisipi, ya mara musu baya, yana kwatanta abin da bijire wa dokar zalunci irin na da. Lauyoyin Blackside suka ce a sauke, aka sauke. A nan lamarin ya ɗaure: iyalan mutumin da ya yi fim a kan masu karya doka don neman haƙƙi, su ne yanzu ke aika takardar lauya. Amma ban ga laifinsu sosai ba. Suna tsakiyar ciniki da masu hotuna, kuma ba mai sassauta maka farashi alhali kayansa na yawo kyauta da sunanka. Matasan ma ban ga nasu ba, don hayaniyarsu ce ta kai maganar shafin farko. Kafin shekarar ta ƙare Gidauniyar Ford ta ba da dala 600,000, attajiri Richard Gilder ya ƙara 250,000, aka shiga bin masu haƙƙi ɗaya bayan ɗaya. A watan Oktoban 2006 kashi shida na farko suka dawo PBS.

Rikicin ya bar baya da kyau a wani ɓangaren. A watan Nuwamban 2005 ƙungiyoyin masu finafinan gaskiya, tare da malamai biyu na Jami'ar American da ke Washington, Patricia Aufderheide da Peter Jaszi, suka fitar da takardar ƙa'idoji kan inda dokar Amurka ta yarda a yi amfani da kayan wani ba tare da biya ba, kamar waƙar da kyamara ta kama ba da niyya ba, ko ɗan guntun hoto da ake kafa hujjar tarihi da shi. Damar tana cikin doka tun da, tsoro ne ya hana amfani da ita, don kamfanonin inshora ba sa tsaya wa fim ɗin da bai biya kowa ba, tasha kuma ba ta nuna fim marar inshora. Bayan takardar, masu inshorar suka fara yarda. Waƙar ranar haihuwar kuwa, a 2015 wani alƙalin tarayya ya yanke cewa kamfanin bai mallaki baitocinta ba, bayan wata mai shirya fim ta kai ƙara. Shekara da shekaru ana karɓar kuɗin abin da ba na mai karɓa ba.

Akwai kashi ɗaya na dukiyar da bai taɓa shiga wannan tarko ba, wato hirarrakin da Blackside ya ɗauka da kyamararsa. Su ba haya ba ne. A 2001 aka miƙa tarin kayan Hampton ga Jami'ar Washington ta St. Louis, inda ya yi karatu, jami'ar da sai a 1952 ta buɗe wa baƙaƙen fata ƙofar karatun digirin farko. Daga baya aka juye hirarrakin zuwa kwamfuta aka ɗora a intanet, cikakku, har da abin da aka yanke. Mutumin da ya fito na minti biyu a shirin, a can za ka same shi yana magana mai tsawo, da tambayar da aka yi masa, da inda ya yi shiru, da inda ya ce a sake. Da fim mai milimita 16 aka ɗauke su, kuma naɗi ɗaya bai wuce kimanin minti 11 ba. Saboda haka a rubutattun hirarrakin za ka riƙa cin karo da wurin da tsoho ko tsohuwa ke tsakiyar ba da labarin daren da aka kama su, sai muryar wani daga cikin ma'aikata ta katse, fim ya ƙare, a dakata a sa sabo. A ɗaura, a buga allo, mai tambaya ya ce a koma daga inda aka tsaya, su kuma su koma.